Lauyan da Ya Ɗauki Makirufo: Frederick Wiseman da Fim Marar Mai Sharhi

A shekarar 1966, cikin wani gida mai doguwar katanga a garin Bridgewater da ke jihar Massachusetts ta Amurka, gandirobobi sun danne wani dattijo a kan tebur. Ya daina cin abinci, ya rame har ana iya ƙirga haƙarƙarinsa. Likita ya zura masa doguwar roba ta hanci, ya taka kujera, ya shiga ɗura masa abinci mai ruwa-ruwa ta mazurari. Sigari na bakin likitan, tokarta ta yi tsawo tana lilo daidai saman mazurarin. A gefen teburin akwai mutum biyu waɗanda ba ma'aikatan gidan ba ne, ɗaya da kyamara a kafaɗa, ɗayan da makirufo a hannu. Ba su tambayi likitan komai ba, ba su ce a dakata ba, ba su ce a sake ba. Abin da ya faru a gabansu shi suka ɗauka.

Mai makirufon shi ne Frederick Wiseman, lauya ɗan shekara 36, kuma wannan ne fim na farko da ya ba da umarni. Gidan kuwa asibitin gwamnatin jiha ne inda ake tsare masu taɓin hankali da aka tuhuma ko aka kama da laifi. Daga nan ya ɗauko aikin da ya shafe fiye da shekara 50 a kansa. Zai shiga makaranta ko asibiti ko kotu ko barikin soja, ya yi makonni yana saurare, ya fito da fim wanda babu mai sharhi a cikinsa, babu hira da kowa, babu kiɗan da aka ɗora don a motsa zuciyar mai kallo, ko sunan mai magana ba a rubutawa a ƙasan hoto. Fina-finai sama da 40 ya yi a kan wannan ƙa'ida.

Kafin zamaninsa, fim ɗin dokumentari da murya aka san shi. Dattawan da suka yi zamanin majigi a Arewa sun san tsarin: motar gwamnati ta zo ƙofar fada, a kafa farin ƙyalle, hoto na tafiya, mai bayani na faɗa wa jama'a ta lasifika abin da suke gani da darasin da ake so su ɗauka. A Ingila da Amurka ma haka abin yake, sai dai can muryar a jikin fim ɗin take. Dalilin bai tsaya ga son wa'azi kaɗai ba. Kyamarar lokacin nauyi gare ta, sai an kafa ta a kan ƙafafu uku, kayan ɗaukar sauti kuma sukan cika mota guda. Wanda yake son ya ɗauki mutane suna magana dole ya tsayar da su wuri ɗaya, ya haska musu fitila, ya ce su fara. Shi ya sa aka saba ɗaukar hoto ba sauti, daga baya a ɗora murya. Wani lokacin ma shirya abin ake yi. Robert Flaherty, wanda ake ɗauka uban wannan sana'a, da ya yi Nanook of the North a 1922 a ƙasar ƙanƙara ta arewacin Kanada, ya sa mafarautan sun ajiye bindigogin da suka riga suka saba da su sun ɗauki mashi, aka kuma gina masa rabin ɗakin ƙanƙara don haske ya isa kyamara.

Ƙarshen shekarun 1950 ne kayan aiki suka sauya. Wani injiniya ɗan asalin Poland mazaunin Suwizalan, Stefan Kudelski, ya ƙera rikodar Nagra wadda mutum ɗaya zai rataya a kafaɗa. Kyamarori masu zaren fim na milimita 16 suka yi sauƙin ɗauka, ƙararsu ta ragu, aka kuma gano yadda sauti da hoto za su tafi daidai da juna. A 1960 Robert Drew ya tara wasu samari, cikinsu akwai Richard Leacock da D. A. Pennebaker da Albert Maysles, suka bi John Kennedy da Hubert Humphrey a zaɓen fidda gwani na jihar Wisconsin. A fim ɗin, mai suna Primary, kyamara ta bi bayan Kennedy ta ratsa cincirindon jama'a har kan dandamali. Masu kallo ba su taɓa ganin ɗan siyasa ta wannan kusurwa ba.

A daidai wannan lokaci wani Bafaranshe yana bin wata hanyar daban, kuma shi mutanen Nijar sun san shi. Jean Rouch ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi da gadoji, ya ƙulla abota da Damouré Zika, suka yi shekaru suna fina-finai tare. A Moi, un Noir na 1958, wanda aka ɗauka a Abidjan, Oumarou Ganda ne ya zauna daga baya yana kallon hoton kansa yana magana a kai, domin kayan ɗaukar sauti tare da hoto ba su riga sun zo hannu ba. Da suka zo, Rouch da Edgar Morin suka fita titunan Paris a 1960 ana tsayar da mutane ana tambayarsu ko suna cikin farin ciki. A ganin Rouch, kyamara tsokana take yi, kuma a cikin tsokanar ne gaskiyar mutum ke fitowa. Don haka shi yakan shiga cikin fim ɗinsa, ya yi tambaya, ya yi gardama. Ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni ranar 18 ga Fabrairun 2004, aka binne shi a Yamai.

Wiseman ya ɗauki kayan aikin waɗannan mutane, ya bar manufarsu. Bai bi Rouch wajen tambaya ba. Bai kuma bi Drew wajen neman shahararren mutum da ranar tashin hankali ba. Shi wuri yake nema, da ranar aiki irin ta kullum.

An haife shi a Boston ranar 1 ga Janairun 1930. Ya yi karatu a kwalejin Williams, ya karanta shari'a a Yale ya gama a 1954, ya yi aikin soja, ya zauna Paris na ɗan lokaci, sannan ya dawo yana koyarwa a Jami'ar Boston. Ɗalibansa masu shirin zama lauyoyi da alƙalai ne, shi kuma yana ganin bai kamata mutum ya tura wani wuri bai taɓa ganin wurin da idonsa ba. Sai ya riƙa kwasar su zuwa kotuna da gidajen yari, har da Bridgewater. Ya ɗan taɓa harkar fim a 1963, lokacin da ya shirya The Cool World wanda Shirley Clarke ta ba da umarni. Bayan haka ya nemi izinin shiga Bridgewater da kyamara, ya samu, ya ɗauko John Marshall, wanda ya yi suna wajen ɗaukar rayuwar mafarautan hamadar Kalahari. Kwana 29 suka yi a ciki.

Sunan fim ɗin Titicut Follies, daga sunan wani wasan nishaɗi da majinyata da ma'aikata kan yi a gidan, kuma da wasan aka buɗe shi, da shi aka rufe. Tsakanin buɗewa da rufewa akwai abin da ke hana barci. Ga maza tsirara a ɗakunan da babu komai sai bokiti. Ga wani tsohon malamin makaranta da gandirobobi ke zolaya, suna maimaita masa tambaya ɗaya kan tsabtar ɗakinsa har ya fusata ya riƙa dukan ƙasa da ƙafa. Ga wani saurayi da ya tsaya gaban likitoci yana kawo hujja bayan hujja cewa zaman gidan ne ke ƙara masa ciwo, yana roƙon a mayar da shi kurkuku. Yana fita suka yanke shawarar a ƙara masa maganin kwantar da hankali. Babu muryar da ta ce wa mai kallo an zalunci saurayin. An bar shi ya ji maganar yaron, ya ji ta likitocin, ya auna da kansa.

An nuna fim ɗin a bikin fina-finai na New York a 1967, gwamnatin Massachusetts kuma ta garzaya kotu. Elliot Richardson, wanda ya goyi bayan a ba da izinin ɗauka lokacin yana mataimakin gwamna, shi ne a lokacin babban lauyan jihar da ke neman a hana nunawa. Hujjarsu ita ce an keta sirrin majinyata, an nuna tsiraicinsu ga duniya. A 1968 alƙali Harry Kalus ya ba da umarnin a lalata fim ɗin. Da aka ɗaukaka ƙara, babbar kotun jihar ta sassauta a 1969: fim ɗin zai rayu, amma likitoci da lauyoyi da alƙalai da ma'aikatan jin daɗin jama'a da ɗaliban waɗannan fannoni kaɗai za su kalla. Haka aka zauna fiye da shekara 20. A 1987 iyalan majinyata bakwai da suka mutu a gidan suka kai ƙara, maganar Bridgewater ta sake tasowa. Sai a 1991 alƙali Andrew Meyer ya ɗage takunkumin, gidan talabijin na PBS ya nuna shi ga kowa a 1992.

Hujjar gwamnati ba ta banza ba ce, kuma bai kamata a yi saurin watsar da ita ba. Mutumin da hankalinsa ya gushe ba zai iya cewa ya yarda a ɗauki hotonsa tsirara ba, kuma yana da 'yan uwa da za su ji kunya da ciwo. Mai shirya fim Ousmane Sembène ya taɓa faɗa wa Rouch a fuskarsa cewa yana kallon 'yan Afirka kamar yadda ake kallon ƙwari, kuma wannan zargi yana bin duk mai ɗaukar hoton marar ƙarfi. Amma a Bridgewater wanda ya tuɓe mutanen shi ne ya zo kotu yana kare mutuncinsu. Hukumar da ta bar su ba riga ita ce ta fi kowa cin moriyar a rufe fim ɗin. Sirrin da aka kare shekara 20 na ma'aikatar ne fiye da na majinyatan.

Akwai abu ɗaya a fim ɗin da Wiseman da kansa ya ce da zai sake, da bai yi shi haka ba. A fitowar ɗurar abinci, ya riƙa yanko hotunan gawar dattijon nan ana yi mata aski ana gyara ta don binnewa, yana saka su tsakanin hotunan ɗurar, don mai kallo ya ga an fi kula da mutumin bayan ya mutu. Daga baya ya ga ya tura mai kallo da ƙarfi, ya yi masa tunanin da ya kamata ya yi da kansa. A fina-finan da suka biyo baya hannunsa ya yi sanyi, ya bar fitowa ta yi tsawonta.

Suka riƙa zuwa kusan duk shekara. High School na 1968 ya shiga wata makarantar sakandare a Philadelphia, inda ake koya wa yara biyayya fiye da komai, ya ƙare da shugabar makaranta tana karanta wa malamai wasiƙar tsohon ɗalibi da ke fagen yaƙin Biyetnam, tana alfahari da shi. Law and Order na 1969 ya bi 'yan sandan Kansas City. Wiseman ya ce ya je can da mummunan zato a kansu, amma kwanakin da ya yi a motar sintiri suka nuna masa abin da mutane ke yi wa junansu wanda ke sa a kira ɗan sanda tun farko. Duk da haka bai ɓoye fitowar da wani jami'i ya shaƙe wuyan wata mata a gaban kyamara ba. Ya sha kawo wannan misali idan an tambaye shi ko mutane ba sa canza hali in sun ga ana ɗaukarsu. Amsarsa ita ce jami'in bai ga laifin abin da yake yi ba, don haka bai ga dalilin ɓoyewa ba. Yawancin mutane, in ji shi, ba su iya wasan kwaikwayon da za su zama wani mutum daban na tsawon makonni ba.

A Hospital na 1970, wanda aka ɗauka a asibitin Metropolitan na New York, akwai likitan ƙwaƙwalwa da ya ɗauki waya yana roƙon wata jami'ar ofishin tallafi ta taimaki wani matashi marar galihu. Ya yi bayani, ya sake yi, ya ɗaga murya, ta kashe wayar. Basic Training ya bi sababbin sojoji a Fort Knox. Juvenile Court ya zauna a kotun yara ta Memphis. Meat na 1976 ya bi shanu da tumaki daga wurin kiwo a Colorado har cikin kwalin nama, kuma duk wanda ya kalla yana tuna akuyar nan da aka horar tana jan garken tumaki zuwa mayanka, ita ta ratse gefe, su su wuce.

Welfare na 1975 shi ne inda salon ya nuna iyakar ƙarfinsa. Kusan awa uku ne a ofishin tallafin marasa ƙarfi guda ɗaya a New York. Babu abin da ke faruwa sai magana a kan tebur. Mace ta zo da takarda, a ce ba wannan ba ce. Ta kawo wata, a ce wani ofishi za ta je. Ta ce daga can aka turo ta. Tsoho ya ce bai ci abinci ba, ma'aikaci ya ce fayil ɗinsa bai iso ba. Wanda ya taɓa bin fansho ko haƙƙin marigayi daga tebur zuwa tebur ba ya bukatar fassara. Abin da ya ɗaga fim ɗin sama da ƙorafi shi ne an ba ma'aikatan lokacinsu su ma. Ana ganin gajiyarsu, ana ganin wanda ke ƙoƙarin lanƙwasa doka don ya taimaka, da wanda ya ɓuya a bayanta, da mai neman tallafin da shi ma ba gaskiya yake faɗa ba. Mai kallo yakan fara da neman wanda zai ɗora wa laifi. Kafin a gama sai ya ga dokokin ne suka sarƙe juna, sun ɗaure mai nema da mai bayarwa a igiya ɗaya.

Yadda yake aikin ya cancanci a tsaya a kai, domin a nan ne mutane suka fi yi masa gurguwar fahimta. Mutum uku ne ke shiga wuri: shi da makirufo da rikoda, mai ɗaukar hoto, da mataimaki mai canza zaren fim, wanda a zamanin milimita 16 kowane gwangwani minti 11 kawai yake ɗauka. William Brayne ne ya riƙe masa kyamara a yawancin shekarun 1970, daga baya John Davey ya karɓa ya daɗe. Wiseman ne ke zaɓen inda za a duba, da ido ko da motsin makirufo yake yi wa mai kyamara ishara. Ba ya yin dogon bincike kafin ya je, yakan ce ɗaukar ita ce binciken. Wanda ya ce kada a ɗauke shi ba a ɗaukarsa. Makonni huɗu zuwa shida sukan ishe shi, wani lokacin fiye, ya koma gida da hoton awa 100 ko 150. Na jami'ar Berkeley ya kai awa 250.

Sannan aikin gaske ya fara. Zai zauna ya kalli komai, yana ba kowace fitowa tauraro ɗaya ko biyu ko uku. Kusan rabi yakan zube a nan. Sauran zai yi watanni yana sassaƙa su ɗaya bayan ɗaya: taron da aka yi awa ɗaya da rabi ya koma minti bakwai, amma a ji kamar ba a cire komai ba. Ya ce ba ya iya yanka fitowa sai ya gamsu ya fahimci dalilin kowace kalma da aka faɗa a cikinta, me ya sa wannan ya nemi sigari a daidai wannan lokaci, me ya sa waccan ta kau da kai. Sai bayan watanni shida ko takwas yake fara jera su, ya ga wacce za ta bi wacce. Fim guda yakan ci kusan shekara a teburin yanka da haɗi.

Wannan ne ya sa bai taɓa son sunayen da aka laƙaba wa salonsa ba. An ce masa ƙuda a jikin bango, mai kallo kawai ba ya taɓa komai, ya ce sam. An ce fim ɗin sa ido ne, ya ce kalmar tana nuna kamar mutum ya kafa kyamara ya tafi shan shayi. Shi ya kira fina-finansa ƙagaggun labarai da aka gina da zahiri. Gaskiyarsa ke nan. Wanda ya ɗauki awa 150 ya fitar da uku ya yi hukunci sau dubbai. Shirun Wiseman cike yake da ra'ayi, sai dai ra'ayin yana cikin jeri: abin da aka sa kusa da wani, abin da aka bari ya yi tsawo, fuskar da aka tsaya a kanta bayan mai magana ya gama. Bambancinsa da mai bayanin majigi shi ne ya ajiye hujjojin a gaban mai kallo yadda zai iya saɓa masa.

Samun damar yin haka shekara da shekaru ba ƙaramin abu ba ne. Ya kafa kamfaninsa, Zipporah Films, da sunan matarsa, ya riƙe mallakar fina-finansa da rarraba su a hannunsa. Gidan talabijin na jama'a a New York, WNET, ya ba shi kwangilar shekaru wadda ta bar masa zaɓen batu da tsawon fim. Ba don wannan ba, da wuya a ce an yi Near Death na 1989, awa shida a sashen masu jinya mai tsanani na asibitin Beth Israel a Boston, inda likitoci da iyalai ke ta kai da komo kan lokacin da za a cire wa majinyaci na'ura. Tsawon nan yana korar mutane da yawa, kuma ba laifinsu ba ne. Amma shawarar barin uba ko miji ya tafi ba a yanke ta cikin minti biyar, fim ɗin kuma ya ƙi ya yi kamar ana yi.

Ba duka aikinsa ne baƙin ciki ba. A Blind na 1986, a makarantar makafi da ke Talladega ta jihar Alabama, wani ƙaramin yaro ya tashi daga ajinsu zai kai wa wata malama takardarsa ta gani. Kyamara ta bi shi ba yankewa, yana lalube bango, ya sauka matakala, ya isa, aka yaba masa, ya juyo. Babu kiɗa, babu mai cewa ga jarumi. Tafiyar yaron ta isa.

Da shekaru suka ja, ya karkata ga wuraren da abubuwa ke tafiya daidai. Ya fitar da fina-finai a kan gidan rawa na Paris, gidan zane-zane na ƙasa da ke Landan a 2014, unguwar baƙi ta Jackson Heights a 2015, laburaren jama'a na New York a 2017, da ofishin magajin garin Boston a City Hall na 2020, mai tsawon awa huɗu da rabi. Wasu masu suka sun ce tsufa ya sa ya yi laushi, cewa a At Berkeley ya fi sauraron shugabannin jami'a fiye da ɗaliban da ke zanga-zanga, a City Hall kuma magajin gari Marty Walsh ya fito fes. Akwai ƙamshin gaskiya a sukar. Mai shiga da izinin shugaba yakan fi zama a ɗakin shugaba. Sai dai tambayar da yake bi ba ta canza ba tun Bridgewater: ga abin da ma'aikata ta ce tana yi, ga abin da ke faruwa a teburinta. In ya tarar da ma'aikaciyar laburare tana ba talakawa na'urar intanet su tafi da ita gida, nuna hakan ma gaskiya ce, kuma a lokacin da ake ta zagin duk wani abu na gwamnati a Amurka, ya ga ya dace a nuna.

Salon ya yi 'ya'ya a wurare masu nisa. Wang Bing ya yi awa tara a kan masana'antun da ke mutuwa a arewa maso gabashin Sin. Nicolas Philibert ya zauna a makarantar ƙauye mai aji ɗaya a Faransa. Kazuhiro Soda ya bi ɗan takarar kansila a Japan. A Kamaru, Kim Longinotto da Florence Ayisi sun zauna a kotun garin Kumba suka fito da Sisters in Law a 2005, inda mai gabatar da ƙara da alƙaliya, dukansu mata, ke sauraron ƙarar matan da mazajensu ke duka.

Girmamawa ta zo masa a makare amma ta zo. Bikin fina-finai na Venice ya ba shi kyautar Zakin Zinariya ta aikin rayuwa a 2014, aka ba shi Oscar na girmamawa a 2016. Yana da shekara 93 ya fitar da Menus-Plaisirs, awa huɗu a kicin da gonakin da ke ciyar da gidan abincin iyalin Troisgros a Faransa, inda ya tsaya yana kallon masu girki kamar yadda ya taɓa kallon likitoci da 'yan sanda. A 2022 kuma Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya saka Titicut Follies cikin jerin fina-finan da ƙasar ta wajabta wa kanta adanawa, shekara 54 bayan alƙali Kalus ya ce a lalata shi.